Ƙullin Waya da Jiragen Yaƙi

Akwai wani ƙulli da ake yi wa wayar lantarki mai harshe biyu kafin a ɗaure ta a cikin kan fitila, ta yadda ko yaro ya fizgi wayar, jan zai tsaya a kan ƙullin, ba zai kai ga sukurorin da suka riƙe tagullar ba. Na shekara tara ina cin abinci da aikin lantarki ban san da shi ba. A wata masaƙa da ke Kakuri aka koya mini shi, a makon da aka ɗaga ni na zama helima. Mu goma aka tara a wani ɗaki da ke bayan kantin ma'aikata, aka ce za a yi mana kwas na kwana biyar, kullum awa biyu. Dukkanmu mun shiga muna hura hanci, don kowa gani yake a ɓangarensa babu na biyunsa.

Malamin wani dattijo ne siriri mai biro uku a aljihun gaba. Ya zube guntayen waya a kan tebur, ya goya hannuwansa a baya, ya shiga bayani da baki: a warware wayar kamar inci shida, a lanƙwasa harshen dama ya gitta ta gaban uwar wayar, a jawo na hagu wajen ƙirji, a bi da shi ta ƙarƙashin na farko, a zagaya ta baya, a zura a cikin zoben, a ja. Ko tuntuɓen harshe bai yi ba. Da ya gama sai ya nuna ni.

"Malam, kai ne na lantarki ko? Bismilla."

"Ni ne, yallaɓai."

Na ɗauki wayar ina murmushi, na yi ta murɗa ta har gumi ya keto mini. Abin da na ƙulla ko ɗan akuya ba zai riƙe ba. 'Yan ɗakin suka kwashe da dariya, shi kuwa ya ce a bar yi mini dariya, laifin nasa ne. Ya kira wani makaniken injin saƙa, suka tsaya suna fuskantar juna, ya ƙulla a gabansa bai ce uffan ba. Makaniken ya karɓa ya yi komai a juye, domin damar malamin ita ce hagunsa. A karo na uku sai ya ɗauko mutum ya tsayar da shi a kafaɗarsa, suna kallon gefe guda. Ya tambaye shi ko ya taɓa gyara fitila, ya gaya masa amfanin ƙullin, sannan ya yi shi a hankali yana faɗin kowace gaɓa, ya maimaita yana nuna inda ake yin kuskure, ya miƙa masa. Mutumin ya ƙulla, ya kwance, ya sake ƙullawa yana faɗa da bakinsa. Cikin minti goma ya iya abin da ya gagare ni, alhali magatakardan sito ne, bai taɓa riƙe filaya ba.

Na daɗe ina zaton dabarar dattijon ce. Sai da aka rufe masaƙar, na samu lokacin karance-karance da ban roƙa ba, sannan na gano cewa darasin ƙullin nan, da kwana biyar ɗin, da tara mutum goma-goma, duk a Amurka aka tsara su a farkon shekarun 1940, saboda masana'antun da ke ƙera jiragen yaƙi da tankoki da bindigogi.

A watan Mayun 1940, sojojin Jamus suna tsakiyar murƙushe Faransa, shugaba Roosevelt ya je gaban majalisa ya ce yana son Amurka ta riƙa ƙera jiragen sama 50,000 a shekara. A shekarar da ta gabata, duk jiragen da ƙasar ta ƙera, na soja da na farar hula, ba su kai 6,000 ba. An ce ba a fafe gora ranar tafiya, to su a ranar suka zauna fafewa. Kuɗi akwai, ƙarfe akwai, mutane ma ga su nan, don kusan miliyan 8 ke zaune babu aiki, ragowar karayar arzikin da ta faro a 1929. Amma majiyi ƙarfi daban, gwani daban. Shekara goman da masana'antu suka yi suna rufewa an rage ɗaukar yaran koyo ƙwarai, tsofaffin gwanaye kuma wasu sun mutu, wasu sun kama wata hanyar. Ga shi a watan Satumba aka kafa dokar ɗiban matasa aikin soja, hannun da za a koya wa inji shi ne kuma ake shirin damƙa wa bindiga.

A watan Agustan shekarar gwamnati ta buɗe wani ɗan ƙaramin ofishi da aka fi sani da TWI, ma'anar sunan koyar da aiki a cikin masana'anta. Aron mutane ta yi daga kamfanoni: Channing Dooley daga kamfanin mai na Socony-Vacuum, Walter Dietz daga Western Electric, sai Mike Kane da William Conover. Aro ne na ɗan lokaci, amma sai da suka shekara biyar. Ba su da ikon tilasta wa kowace masana'anta komai, sai wadda ta buɗe musu ƙofa.

Cikin matsalolin farko da aka ajiye a gabansu akwai ta gilashi. Igwa da jirgin ƙarƙashin teku da na'urar saita bom duk makafi ne in babu gilashin hange, gilashin kuwa gurza shi ake yi a goge har ya kai siffar da ake so, kuskuren da ido ba ya gani ma ya isa ya lalata shi. Ana neman masu wannan aiki 350, aka duba ko'ina aka rasa. Gwanayen da ke akwai suka ce ai mutum ba ya iya sana'ar sai ya shekara biyar a kanta. Mutanen TWI suka zauna kusa da su da takarda da fensir suna kallon hannunsu. Suka tarar sana'ar tarin ayyuka ce, da yawansu masu sauƙi, kuma a cikin kowane akwai wuri ɗaya ko biyu da gwanintar take ɓuya, kamar yadda ake riƙo ko inda ake sassauta hannu. Suka rarraba aikin, suka rubuta waɗannan wurare ɗaya bayan ɗaya, aka riƙa ɗora sabon shiga a kan mai sauƙi yana yin aikin gaske tun daga farko, in ya kama a matsar da shi gaba. Shekara biyar ta dawo watanni.

Da na karanta wannan sai na tuna maigidana na farko, Allah ya jiƙansa. Shagonsa a Tudun Wada yake, kuma har yau ban ga mai hannu irin nasa ba. Da shinshina kawai yake gane ko kwayil ɗin injin niƙa ya ƙone. Shekarata ta farko a wurinsa shara na yi, da sayo shayi, da ɗaukar tsani. In na yi tambaya ya ce, "Kai dai buɗe idonka." In na ɓata aiki, ƙotar sukudireba ta sauka a tsakar kaina. A lokacin rowa nake kiran abin, tunda an ce laifin babba rowa, laifin yaro ƙiwuya. Rowar tana nan, ba na musu, don wanda ya juye wa yaro komai yau, gobe zai gan shi ya buɗe shago a tsallaken titi. Amma yanzu na fi yarda cewa rabin abin da bai gaya mini ba, shi kansa bai san ya sani ba. Ilimin ya riga ya gangara daga kai ya zauna a yatsu. In ka matsa masa ya faɗa, sai ya faɗi abin da kowa ke gani, ya tsallake ɗan juyin da babban yatsansa ke yi, juyin nan kuwa shi ne aikin. Ni ma da na zama helima haka na soma yi wa yarana.

Wannan ciwon su Dooley suka sa wa yatsa. Masana'antu suna ninka ma'aikata cikin watanni, wanda jiya yake kan inji yau an ce shi ne shugaban mutum ashirin da ba su taɓa shiga masana'anta ba. Ya iya aiki, bai iya koyar da shi ba. Ofishin da ke da 'yan tsirarun ma'aikata ba zai iya koya wa miliyoyin mutane walda da tuƙin inji ba, saboda haka suka bar ma'aikatan, suka nufi helumansu.

Maganin ma ba daga sama suka tsinto shi ba. A 1917, lokacin yaƙin farko, an shiga irin wannan matsi a wuraren ƙera jiragen ruwa, aka ɗauko wani malamin koyar da sana'a daga jihar Massachusetts mai suna Charles Allen, ya tsara koyarwa mai hawa huɗu. Kane ya yi aiki tare da shi a wancan karon. Suka kakkaɓe tsarin, suka matse shi har ya shige kati guda mai shiga aljihun riga. Ka fara kwantar wa mai koyo hankali, ka ji abin da ya riga ya sani, ka tsayar da shi inda zai ga hannunka daidai. Ka faɗa kana nunawa, gaɓa ɗaya a lokaci guda, kada ka ɗora masa fiye da abin da zai iya haɗiyewa. Ka ba shi ya yi yana faɗa maka dalili, ka yi ta sa shi har sai kai ka tabbata ya iya. Sannan ka sake shi, ka gaya masa wanda zai nema in ya kakare, kana leƙo shi kana rage leƙen. A ƙasan katin aka rubuta hukuncin da ya fi ɓata wa tsofaffin gwanaye rai, cewa in mai koyo bai iya ba, to malamin ne bai koyar ba. Kafin duk wannan kuma sai helima ya zauna ya tsaga aikin a takarda, ya fitar da wuraren nan uku: abin da ke gyara aiki ko ya ɓata shi, abin da zai ji wa mutum ciwo, da ɗan sirrin da ke sauƙaƙa shi. A ganina wannan takardar ita ce zuciyar abin, domin ita ke tilasta wa gwani ya nemo abin da ke cikin yatsunsa ya maida shi magana.

Ƙullin waya na ranar farko ne kawai. Sauran kwana huɗun kowa ke kawo aikin gaske daga ɓangarensa ya koyar a gaban 'yan'uwansa, su yi ta tsince masa kurakurai. Wanda ya nuna hazaƙa a ƙara masa horo ya zama mai koyar da wasu goman, su ma su haifi nasu. Daga baya aka ƙara kwas biyu a kan wannan fasali, ɗaya na gyara hanyar aiki, ɗaya na zama da mutane. Kafin a rufe ofishin a Satumbar 1945 an ba da takardun shaida fiye da 1,750,000 a wuraren aiki sama da 16,500.

Kada dai in zuzuta katin fiye da kima. Wanda ke son ganin yadda koyon aikin nan ya kasance da ƙura da hayaƙinsa, ya dubi Willow Run, wata gona a jihar Michigan, tafiyar kilomita 50 ko kusa da haka daga Detroit. A farkon 1941 Charles Sorensen na kamfanin Ford ya je San Diego ya ga yadda ake haɗa jirgin sama mai ruwan bom samfurin B-24 ɗaya bayan ɗaya, wani sashen aikin ma a fili cikin rana. Ya koma masauki ya kwana yana zane, gari ya waye ya ce shi zai riƙa fitar da jirgi ɗaya duk awa, kamar yadda ake fitar da mota. Aka share gonar aka gina masana'anta.

Sai dai jirgi ba mota ba ne. B-24 guda yana da ɓangarori sama da 400,000, jikinsa alminiyam ne, an ɗinke shi da ƙananan ƙusoshi fiye da 300,000. Kowace ƙusa mutum biyu take ci: ɗaya a waje da bindigar iska yana bugun kanta, ɗaya a ciki ya tokare gindinta da guntun ƙarfe har ya baje. Ba sa ganin juna, ƙara kuma ba ta barin a ji magana, sai ƙwanƙwasa. In na ciki ya kauce kaɗan, a huda a cire a sake. Cikin fiffike akwai lungunan da babban mutum ba ya shiga, har wadanni kamfanin ya ɗauka don wannan. Tsofaffin ma'aikatan mota, waɗanda aka dakatar da aikinsu a Fabrairun 1942, sun saba da ƙarfe mai jure guduma, suka koma 'yan koyo a gaban alminiyam. Sauran kuwa manoma ne daga Kentucky da Tennessee, da matan aure, da 'yan mata masu aikin shago. Ɗaya daga cikinsu, Rose Will Monroe, bazawara ce mai 'ya'ya biyu daga Kentucky, wadda daga baya aka sa a fim ɗin tallan yaƙi.

Ford ta buɗe makaranta a jikin masana'antar, amma kamar zuba ruwa a kwando abin ya zama. Babu gidaje a kusa, fetur da taya da kati ake sayar da su, mutane suna kwana a bukkokin katako da tireloli, gado ɗaya masu aikin dare da na rana ke karɓa-karɓa. A koya wa mutum aiki yau, bayan wata biyu ya tattara ya tafi, ko soja su ɗauke shi. A ɗaya gefen kuma sojojin sama suna ta aiko da canje-canje a fasalin jirgin. Duk shekarar 1942 jirgi 56 kacal aka gama, jaridu suka maida wurin abin ba'a, kwamitin majalisar dattawa na Harry Truman ya shigo bincike. A tsakiyar 1943 ma'aikatan sun kai kusan 42,000. Abin da ya ba ni sha'awa shi ne, lokacin da masana'antar ta cika alkawarin Sorensen a 1944, jirgi ɗaya a kusan kowace awa, ma'aikatan ba su kai haka yawa ba. An kwashe wasu ayyukan an kai su garuruwan da mutane suke, waɗanda suka zauna kuma hannunsu ya faɗa. Jimillar abin da ya fito daga gonar nan jirgi 8,685 ne. Jiragen Amurka na wancan yaƙi, wasunsu ta samanmu suka bi: su taso daga Brazil su tsallako teku zuwa Akara, su yada zango a Kano ko Maiduguri, su wuce Khartum.

A bakin teku kuma walda ce ta yi tashe. Henry Kaiser ɗan kwangilar hanyoyi da madatsun ruwa ne, ƙera jirgin ruwa ba gadonsa ba ne, wataƙila shi ya sa bai ji nauyin karya al'adar sana'ar ba. A garin Richmond na Kalifoniya ya kafa wuraren ƙira huɗu, garin da ke da mutum 23,000 ya kumbura ya doshi 100,000. Duk mai walda ya san ta kwance ita ce mai sauƙi, narkakken ƙarfen yana zama inda ka ajiye shi. Ta tsaye da ta sama da kai su ke cin shekaru, ga tartsatsi yana zubo maka a wuya. Sai aka riƙa haɗa jirgin gunduwa-gunduwa a ƙasa, injin ɗaga kaya yana juya kowace gunduwa ta yadda ɗinkin zai kwanta a gaban mai walda. Da haka matar da ba ta taɓa ganin wutar walda ba take fara aiki cikin 'yan makonni. Jirgin dakon kaya na farko a samfurin Liberty ya ci kwana 244, daga baya matsakaicin ya sauko wajen kwana 42. A Nuwambar 1942 ma aka yi na nuna isa a Richmond, aka jefa jirgin Robert E. Peary ruwa cikin kwana huɗu da awa goma sha biyar da rabi.

Sai jiragen suka fara tsagewa. A wani dare mai sanyi na Janairun 1943, tankar mai suna Schenectady tana ɗaure a bakin gaɓa a Portland, sabuwa fil, ruwa kwance babu igiya, sai aka ji ƙara, ta rabe biyu. Wa za a ɗora wa laifi in ba sababbin masu walda ba? Haka binciken farko ya nuna, haka kuma mutane suka riƙa faɗa. Gaskiya akwai walda marar kyau, kuma daga irinta tsaga kan faro. Amma wata masaniyar ƙarafa a jami'ar Cambridge ta Ingila, Constance Tipper, ta nuna cewa ƙarfen kansa ne in ya ji sanyi ya wuce wani mizani yake daina lanƙwasa, ya koma karyewa kamar tangaran. Ga kuma bakin ramukan kaya da aka zana da kusurwa mai kaifi, inda nauyi ke taruwa. A jirgin da aka haɗa da ƙusa, tsaga tana tsayawa a ƙarshen falle, a na walda kuwa jiki ɗaya ne, sai ta zarce. Aka zagaye kusurwoyin, aka ɗaura wasu fallaye da ƙusa don su tare tsaga. Na yi aiki a masana'anta isasshen lokacin da zan san cewa in abu ya lalace, sunan sabon yaro ake fara kira kafin a dubi zanen injiniya.

Akwai kuma waɗanda koyon aikin ya zame musu faɗa. Baƙaƙen fata da farko shara da dako ake ba su. Sai da shugaban ƙungiyar ma'aikatan jirgin ƙasa masu hidimar taragon kwana, A. Philip Randolph, ya yi barazanar cika birnin Washington da masu zanga-zanga, sannan Roosevelt ya sa hannu a umarni mai lamba 8802 a Yunin 1941, wanda ya hana wariya a masana'antun tsaro. Takarda ta hana, zukata ba su hanu ba. A Mayun 1943, a garin Mobile na jihar Alabama, wani kamfanin ƙera jiragen ruwa ya ɗaga baƙaƙe goma sha biyu zuwa masu walda, washegari fararen ma'aikata suka far wa baƙaƙen wurin da guntayen ƙarfe da bulo, sai da aka kawo soja. Sulhun da aka yi shi ne a ware wa baƙaƙen nasu wurin ƙira daban. Bayan 'yan kwanaki, a kamfanin Packard na Detroit mai ƙera injinan jirgin sama, fararen ma'aikata kusan 25,000 suka ajiye aiki don an ƙara wa baƙaƙe uku girma. Ana tsakiyar yaƙi ke nan. Waɗannan mutane sun fahimci abin da maigidana ya fahimta game da shagon tsallaken titi, sai dai nasu ya haɗu da ƙiyayya.

Yaƙi ya ƙare, kwangila ta ƙare. Jirgin ƙarshe ya fita daga Willow Run a Yunin 1945. Richmond da ta tara ma'aikata wajen 90,000 ta watse. Matan Amurka masu aikin albashi sun tashi daga kimanin miliyan 12 a 1940 zuwa kimanin miliyan 19 a 1945, kuma da sashen mata na ma'aikatar ƙwadago ya bi yankunan masana'antun yaƙi yana tambaya, uku cikin huɗu sun ce suna so su ci gaba da aiki. Aka sallame su, sojoji sun dawo, dokar daɗewa a aiki kuma ta fi ƙarfin wanda ya shigo jiya. A nan ne rarraba sana'ar ya nuna ɗaya fuskar tasa. Gwanin da ya shekara biyar yana koyon gilashi, ko'ina ya je da sana'arsa yake tafe. Wadda aka koya wa ɗinke gefen fiffiken B-24 kawai, ranar da aka daina jirgin gwanintarta ta bi shi. Wannan ba sai an ba ni labari ba. Da aka kulle ƙofofin masaƙun Kakuri, mu masu lantarki da makanikai muka buɗe 'yan shaguna, abokaina da suka shekara ashirin a gaban injin kaɗi guda kuwa suka nemi bashin babur suka shiga acaba.

Su kansu Amurkawan sun yi watsi da katin bayan yaƙi, don kasuwa ta buɗe musu, babu mai ja da su. Ingila ta riga ta ɗauka tun 1944. Japan kuwa, wadda aka yi wa ruwan wuta da jiragen da waɗannan ma'aikata suka ƙera, hukumomin mamaya na Amurka ne suka kai mata shi. A 1951 wani tsohon ma'aikacin TWI, Lowell Mellen, ya je da ayarinsa ya horar da rukunin farko na masu koyarwa, su kuma suka yaɗa. Kamfanin Toyota ya riƙe tsarin gam, ya ɗora nasa a kai. Da motocin Japan suka fara cinye kasuwar Detroit, Amurkawa suka bi sawu don su ga sirrin, cikin abin da suka tarar har da katinsu.

Ginin Willow Run ya koma hannun Kaiser ana ƙera motoci, daga 1953 kuma General Motors ta riƙa yin giyar mota a ciki har zuwa 2010. An rushe mafi yawansa, an bar wani yanki don gidan tarihi. Nawa katin, wanda dattijon nan ya raba mana ranar Juma'ar da muka gama, ya daɗe a aljihuna har gumi ya cinye rubutun, na ƙarshe ban san inda ya faɗi ba.

Yanzu yara uku ke gare ni a shago. Shekaranjiya ƙaramin cikinsu ya kawo mini fankar tebur da ya haɗa, waya a juye, karo na biyu ke nan. Na ji hannuna ya kai kan sukudireba. Da na ɗaga ido sai na ga inda yake tsaye, a gaban bencin, yana fuskantata, kuma nan yake tsayawa kullum tun ranar da uwarsa ta kawo shi.

"Zagayo nan," na ce masa. "Tsaya a kafaɗata."

"Baba, in kwance duka?"

"Kwance. Miƙo waccan wayar."